Thomas Davidson: Mai zanen da ya shafe shekara 48 yana nazarin ɓawon halitta guda

A ranar 14 ga Oktoban 1885 ne Thomas Davidson ya rasu a garin Brighton da ke gaɓar teku a kudancin Ingila, yana da shekara 68 a duniya. Ya bar littafi mai juzu'i shida, da shafukan zane sama da 200 da ya yi da hannunsa, da kuma tarin ɓawon wata ƙaramar halittar teku da masana ke kira burakiyofod. A kan wannan halitta ita kaɗai ya ƙarar da shekara 48 na rayuwarsa. Ya tarar da masana suna kiran sassan jikinta da sunaye mabambanta, kowa da nasa, har ta kai wani ba ya gane abin da ɗan'uwansa yake nufi. Ya tafi ya bar musu siffantawa da zane da kowa zai iya komawa gare su idan gardama ta taso.

Haihuwa da tasowa

An haifi Davidson ne a ranar 17 ga Mayun 1817 a birnin Edinburgh na ƙasar Sikotland. Iyayensa masu hali ne, suna da filaye masu yawa a yankin Midlothian, abin da ya ba shi damar yin bincike tsawon rayuwarsa ba tare da jiran albashi ba. Yawancin ƙuruciyarsa a ƙasashen waje ya yi ta, tsakanin Faransa da Italiya da Suwizalan, inda ya yi karatu ya kuma laƙanci harsunan Turai. Daga baya ya halarci Jami'ar Edinburgh.

Abu biyu ya tashi da su tun yana matashi: son ilimin duwatsu da halittu, da kuma ƙwarewa a zane. A birnin Faris ya koyi zanen a wajen manyan masu sana'ar na lokacin, Paul Delaroche da Horace Vernet. Da ya ga dama, da ya rayu yana zana fuskokin attajirai da hotunan yaƙi kamar malamansa. Sai dai a 1837 ya haɗu da Leopold von Buch, fitaccen masanin duwatsu na ƙasar Jamus, wanda ya riga ya yi rubutu a kan burakiyofod, ya kuma san girman ruɗanin da ke cikin fannin. Shi ne ya ja hankalin saurayin, wanda a lokacin yake da shekara 20, da ya mai da ƙwazonsa kan wannan halitta. Davidson ya karɓi shawarar, bai kuma sake waiwayar wani fanni ba har ƙarshen ransa.

Me ya sa ɓawo ke da muhimmanci?

Mai karatu zai iya tambaya, wane amfani ke cikin ƙarar da rayuwa a kan ɓawon da yawancinsa bai fi ƙwallon goro girma ba? Amsar tana cikin duwatsu. Burakiyofod ta bayyana a teku sama da shekara miliyan 500 da suka wuce, bisa lissafin masana na yau, kuma ta daɗe tana cikin halittun da suka fi yawa a ƙarƙashin ruwa. Idan ta mutu, laka da yashi su rufe ɓawonta, a hankali lakar ta daskare ta zama dutse da ɓawon a ciki. Nau'o'inta da aka samu a duwatsu sun haura 10,000, alhali waɗanda suke raye a yau kimanin 400 ne kawai. Babbar halakar da ta auka wa halittun teku kimanin shekara miliyan 252 da suka wuce ce ta karya ta, ba ta kuma sake komawa yawanta na da ba.

Duwatsun da suka samu daga laka shimfiɗa-shimfiɗa suke, wata kan wata, kuma kowace shimfiɗa da irin ɓawon da ake samu a cikinta. Wanda ya san ɓawon zai iya cewa wannan dutse ya girmi wancan, ko da akwai tafiyar kwanaki a tsakaninsu. A Birtaniya ta ƙarni na 19 wannan magana ce ta kuɗi. Masana'antu da jiragen ƙasa da na ruwa duk da kwal suke aiki, kuma an sha samun masu filaye da suka zuba dukiya wajen haƙa rami a cikin dutsen da ya girmi kwal, inda babu yadda za a yi a same shi. Ɓawo guda da aka gane daidai kan iya hana irin wannan asara. Amma kafin a gane shi daidai, dole sai an yarda da yadda za a siffanta shi, kamar yadda ciniki ba ya ƙulluwa sai mai saye da mai sayarwa sun yarda da mudun da za a auna.

Yadda ɓawon yake ta waje

Ɓawon burakiyofod ɓari biyu ne da ke buɗewa su rufe, shi ya sa wanda bai sani ba zai ɗauka ƙumba ce, irin wadda ake tsinta a bakin kogi. Bambancin yana cikin yadda aka tsara su. Ɓari biyun ƙumba na dama ne da na hagu, kusan girmansu ɗaya, kowanne kamar hoton ɗan'uwansa a madubi. Na burakiyofod kuwa ɗaya ya fi ɗaya girma, siffarsu ma ta bambanta. Amma idan ka ɗauki ɓari guda ka ja layi ta tsakiyarsa, daga baya zuwa gaba, za ka ga gefen dama da na hagu sun yi daidai. Wannan ce alamar farko da ɗalibi ke koya.

Babban ɓarin shi ake kira na ciki, ƙaramin kuma na baya. Ko a wannan ma sai da aka sha gardama, domin a rubuce-rubucen farko ɓarin da wani ya kira na baya shi ne wani zai kira na ciki. Davidson ya tsaya a kan cewa babban shi ne na ciki, kuma yawan aikinsa ya taimaka wajen tabbatar da hakan.

A ƙarshen babban ɓarin akwai wani tsini da ya lanƙwasa kamar bakin aku, wanda masana ke kira umbo. Daga nan ne ɓawon ya fara girma, kuma layukan da suka kewaye shi, ɗaya bayan ɗaya har zuwa baki, su ne tarihin girman nasa. A jikin tsinin, ko a ƙarƙashinsa, akwai rami da ake kira foramen. Ta nan ne wata igiyar nama mai suna fedikil ke fitowa ta kama dutse ko wani ɓawon, ta riƙe halittar a wuri guda. Saboda haka ne ake kuma kiran babban ɓarin da ɓarin fedikil. A nau'o'i da yawa akwai ƙananan faifai da ke rufe wani ɓangare na kafar, a bar wa igiyar hanya kawai. Von Buch ne ya sa wa wannan murfi suna deltidiyum, daga harafin Girkanci mai kusurwa uku. Dangin Terebratula, masu santsin jiki da rami a tsini, sun yi kama da fitilar yumɓu ta Rumawan da, wadda ake zura wa lagwani ta baki. Daga nan ne Turawan Ingila suka yi wa halittar laƙabi da ɓawon fitila.

Layin da ɓari biyun ke haɗuwa idan sun rufe shi ne komisha. A wasu nau'o'in miƙaƙƙe ne, a wasu kuwa yana hawa yana sauka kamar haƙoran zarto, abin da ke barin ruwa ya shiga ba tare da manyan tarkace sun bi shi ba. Sau da yawa akan ga tudu a tsakiyar ɓari ɗaya, da kwari a ɗayan da ya dace da shi, wanda ake kira sulkus. Akwai kuma haƙarƙari da ke tasowa daga tsini su bazu zuwa baki, masu kauri ko sirara, kuma ƙidayarsu na cikin abubuwan da ake rarrabe nau'i da su. Dangin Productus har ƙayoyi suke da su, masu tallafe su a kan laka. Mafi girma a cikinsu faɗinsa kan kai santimita 30.

Abin da ke ɓoye a ciki

Darasin da Davidson ya fi nanatawa a aikace shi ne cewa bayan ɓawo yana yaudara. Ɓawo biyu na iya kama da juna ta waje kamar tagwaye, alhali cikinsu ya sha bamban. Saboda haka ya mai da hankali kan ciki.

A yawancin nau'o'in, babban ɓarin yana da haƙora biyu da ke shiga cikin gurabe biyu na ƙaramin ɓarin, su zama mahaɗar da ɓawon ke juyawa a kai. Ƙumba tana rufe bakinta da tsoka, amma wata jijiya mai tsalle ce ke buɗe shi, shi ya sa da zarar ta mutu sai bakin ya wage, ɓari biyun su rabu. Burakiyofod kuwa da tsoka take rufewa, da tsoka kuma take buɗewa. Tsokar buɗewar tana kama wani ɗan ƙashi da ya fito daga ƙaramin ɓarin a bayan mahaɗa, sai ta ja shi, gaban ɓawon ya ɗaga. Wannan ne ya sa ake yawan samun burakiyofod a dutse da ɓarinta biyu a kulle. Tsokar ta daɗe da ruɓewa, amma ta bar tabo a cikin ɓawon, kuma siffar tabon tana gaya wa masani dangin da halittar ta fito.

Mafi yawan sararin da ke cikin ɓawon wata gaɓa ce mai suna lofofo ta cika shi. Hannuwa biyu ne naɗaɗɗu masu gashi-gashi, da ke kaɗa ruwa ya shiga ya fita, su tace ƙananan ƙwayoyin abinci su kai baki. Masanan farko sun ɗauka da su halittar ke motsawa, shi ya sa suka haɗa kalmomin Girkanci biyu, hannu da ƙafa, suka sa mata sunan da take amsawa har yau, duk da an gano kuskuren. A dangi da dama akwai wani siririn ƙashi da ke tallafe lofofon, manne da ƙaramin ɓarin, wanda ake kira burakidiyum. A dangin Rhynchonella ƙugiyoyi biyu ne gajeru. A Terebratula madauki ne gajere, a wasu 'yan'uwanta kuma dogo ne da ya tafi gaba ya lanƙwaso baya. A Spirifer naɗi biyu ne kamar gammo mai tsini, kowanne ya nufi gefe, yayin da a Atrypa tsinin naɗin ya nufi ƙaramin ɓarin. Ɓawo masu santsi da yawa daga tsofaffin duwatsu, waɗanda aka daɗe ana lissafawa cikin Terebratula, da aka duba cikinsu sai aka tarar da naɗi maimakon madauki, dole aka fitar da su zuwa wasu dangin.

Akwai kuma rukunin da ba shi da haƙora sam, tsoka kaɗai ke riƙe ɓarinsa biyu. Fitacciya a cikinsu ita ce Lingula, mai siffar harshe, wadda ke zaune cikin rami a yashin gaɓar teku. Ɓawonta na ɗauke da sinadari irin na ƙashi da haƙorin mutum, saɓanin yawancin burakiyofod da nasu sinadarin dutsen farar ƙasa ne, irin wanda ake yin siminti da shi. Siffarta ta waje ba ta sauya sosai ba tun daga tsofaffin duwatsu har zuwa yau. A 1869 Thomas Huxley ya raba halittar gida biyu bisa wannan bambanci, masu mahaɗa da marasa ita.

Littafin da ya ci shekara 35

A 1847 aka kafa wata ƙungiya a Landan mai suna Palaeontographical Society, domin buga zane da bayanin burbushin halittun da ke cikin duwatsun Birtaniya. Ita ce ta riƙa fitar da aikin Davidson kashi-kashi, daga farkon shekarun 1850 har zuwa 1886. Ya fara da duwatsu masu ƙarancin shekaru, sannan ya riƙa gangarawa: ya bi ta zamanin Famiyan da na kwal, ya shiga Deboniyan da Siluriyan, ya kammala su a farkon shekarun 1870. Daga nan ya koma baya yana ƙari da gyara, domin sababbin samfura ba su daina zuwa ba. Juzu'i na ƙarshe jerin duk abin da aka rubuta ne a kan halittar, kuma bayan rasuwarsa ya fito.

A gabatarwar littafin ya gayyato masana biyu. Richard Owen ya yi bayanin naman jikin Terebratula, William Carpenter kuma ya duba ɓawon da madubin ƙara girma, inda ya nuna cewa na Terebratula cike yake da ƙananan ramuka da ido ba ya gani, alhali na Rhynchonella ba shi da su. Ta haka ko ɗan guntun ɓawo kan iya faɗin asalinsa. An fassara gabatarwar zuwa Faransanci da Jamusanci a 1856, kuma Eduard Suess na birnin Biyana ne ya fitar da ta Jamusancin. Wannan ya sa masanan ƙasashe daban-daban suka fara magana da ma'auni ɗaya.

Ƙarfin littafin yana cikin zanensa. A lokacin ana zana hoton ne a kan shafaffen dutse da alli mai maiƙo, a juye, sannan a shafa tawada a buga a takarda. Yawancin masana sukan ba masu sana'ar zane aikin, waɗanda ba su san abin da ya kamata a fito da shi ba. Davidson da kansa ya zana nasa. Yakan nuna ɓawo guda ta sama da ƙasa da gefe da gaba, ya nuna cikinsa da haƙoransa da tabon tsokarsa, ya kuma jera ƙanana da manya na nau'i ɗaya domin a ga yadda siffa ke sauyawa da girma. Gani ya kori ji. Ta wannan hanya ya tabbatar da cewa sunaye da dama da aka raɗa wa nau'o'i daban-daban a gaskiya na halitta ɗaya ne, ya kuma haɗe su.

Waɗanda suka kama masa

Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma Davidson ya dogara da mutane da yawa da ba masana na jami'a ba. Elizabeth Gray ta shafe shekaru tana fasa duwatsu a yankin Girvan na Sikotland, tana aika masa da abin da ta samu. George Maw, mai masana'antar tayil a Shropshire, ya sa an wanke laka mai ɗimbin yawa daga duwatsun Wenlock, aka tace dubban ƙananan ɓawo. Wani limamin coci mai suna Norman Glass kuwa ya ƙware wajen kankare ɓawo da wuƙa da ruwan asid mai sauƙi, a hankali, har siririn naɗin da ke ciki ya bayyana ba tare da ya karye ba. Davidson ya saka masa ta hanyar raɗa wa wani dangi suna Glassia a 1881. Shi ma tun 1849 aka sa wa wani dangin suna Davidsonia domin girmama shi.

Tsakaninsa da Darwin

Bayan Charles Darwin ya fitar da littafinsa kan asalin nau'o'in halittu a 1859, ya rubuta wa Davidson wasiƙa a 1861, yana roƙonsa ya gwada ra'ayin a kan burakiyofod, tunda babu wanda ya kai shi sanin yadda suka jeru a cikin duwatsu. Davidson ya yarda cewa nau'o'i da yawa suna narkewa cikin juna, har ya zama da wuya a ce ga iyakar wannan ga farkon wancan. Amma ya ga manyan dangi suna bayyana a duwatsu ba tare da ya sami abin da ya haɗa su da na gabansu ba, don haka bai ba da cikakken goyon baya ba. Ya tsaya a iyakar abin da samfuransa suka nuna masa. Masanan da suka zo bayansa, waɗanda suka karɓi ra'ayin Darwin, da zanen nasa suka yi aiki wajen bin sawun dangantakar dangin.

Karramawa da ƙarshen rayuwa

An zaɓe shi ɗan ƙungiyar masana ta Royal Society a 1857. Ƙungiyar masana duwatsu ta Landan ta ba shi lambar Wollaston, mafi girma a wajenta, a 1865, sannan ya sami lambar sarauta ta Royal Society a 1870. A 1882 Jami'ar St Andrews ta ba shi digirin girmamawa. Lokacin da jirgin bincike na Challenger ya dawo daga zagayen tekunan duniya da ya yi daga 1872 zuwa 1876, shi aka miƙa wa burakiyofod ɗin da aka kwaso, kuma rahotonsa ya fito a 1880. A Brighton, inda ya zauna shekaru masu yawa, ya ba da lokacinsa wajen raya gidan adana kayan tarihi na garin.

Ajali ya riske shi yana kan rubuta littafi a kan nau'o'in da ke raye. Agnes Crane, wata mai nazarin halittu a Brighton da ta yi aiki tare da shi, ita ce ta kula da buga shi, ƙungiyar Linnean ta fitar da shi daga 1886 zuwa 1888. Tarin ɓawonsa kuwa ya yi wasiyya a ba gidan tarihi na Birtaniya, kuma yana ajiye a sashen nazarin halittu da ke Landan.

Ilimin ya ci gaba bayansa. An ƙara sababbin kalmomi, an sauya rabe-raben dangi, an kuma tabbatar da cewa burakiyofod rukuni ne mai zaman kansa, ba reshen ƙumba da dodon koɗi ba. Yanzu na'ura na iya ɗaukar hoton cikin ɓawo ba tare da an fasa shi ba. Duk da haka, wanda ya tsinci ɓawo a duwatsun Birtaniya yana son sanin ainihin nau'insa, har yanzu yakan buɗe juzu'an Davidson ya gwada abin da ke hannunsa da abin da aka zana a kan dutse sama da shekara 140 da suka wuce.